Abin da ke rubuce a gefen taya

Taya nake sayarwa a Agege, da yara biyu masu yi mini faci. Yawancin masu shigowa shagona lamba ɗaya suka sani: "Malam, ba ni sha shida." To, sha shidan nan girman wili ne kawai da inci, kuma tayoyin da ke hawa wili 16 ba su ƙirguwa.

Ɗauki wadda aka rubuta wa 205/55 R16 91V. Faɗinta milimita 205 ne. Tsayin gefenta kuma kashi 55 cikin ɗari na faɗin nan. Idan lambar 55 ɗin nan ta yi ƙasa, gefen ya gajarce, motar ta yi kyan gani, amma ramin farko a hanyar Abule Egba sai wili ya lanƙwashe. R ɗin irin saƙar cikinta ce.

Inda muke ɗaukar lokaci da mai mota shi ne 91V. Harafin na gudu ne: T kilomita 190 a awa, H 210, V 240. Sai Alhaji ya yi dariya, ya ce ina shi ina 240 a goslo ɗin Oshodi? Ya yi gaskiya. Lambar lodi ce damuwata. 91 na nufin taya ɗaya za ta ɗauki kilo 615, 88 kuwa 560. Mutanenmu in za su gida da Sallah, mutum biyar ne da buhunan shinkafa da jarkokin manja, ga zafin kwalta tun daga Ibadan har Kano. Ta mai bos ta fi tsanani. Tayarsa sai mai harafin C, wato ta motar ɗaukar kaya, irin 195 R15C 106/104, wadda ke ɗaukar kilo 950. Direban da ya nemi in sa masa ta ƙaramar mota don araha, nakan ce ya gwada wani shagon.

Sai shekaru. A ƙarshen layin da ya fara da haruffan DOT a gefen taya akwai lambobi huɗu: 2319 na nufin an ƙera ta a mako na 23 na 2019. Tun da Michelin da Dunlop suka daina ƙera taya a ƙasar nan wajen 2007 da 2008, ta waje muke sa wa motocinmu, kuma tokumbo, wato wadda aka riga aka yi amfani da ita a waje, ta cika kasuwa. Za ka ga zanenta raɗau, an shafe ta da mai tana ƙyalli, ka lanƙwasa gefen ka ga tsaga-tsaga kamar faso. Wadda aka kankare wa lambobin nan ba ta kwana a shagona. 'Yan Rod Sefti ma su suke dubawa, suna cewa kada taya ta wuce shekara huɗu da ƙerawa.

Iskar da aka rubuta a jikin taya kuma iyakar abin da za ta iya riƙewa ce. Wadda motarka ke so tana kan 'yar takardar da ke manne a bakin ƙofar direba, ita nake sa yarana su duba kafin su ɗauki famfo.