Shekara huɗu ina koyarwa da takardar wucin gadi

Takardar da ta tabbatar da ni a aikin koyarwa na jami'a ba ta wuce layi shida ba. Masinjan ofishin magatakarda ne ya kawo mini ita bayan sallar azahar a cikin ambulan mai ruwan ƙasa, ya miƙo littafinsa na sa hannu, ya ce, "Allah ya sanya alheri, Malam," ya wuce ofishi na gaba. Sau uku na karanta ta a tsaye kafin na zauna. A ranar ina cikin shekara ta tara da fara shiga aji a wannan jami'a, alhali bisa littafin sharuɗɗan aikinmu shekara uku ya kamata in yi kafin takardar ta zo. Yajin aiki ya ci wani ɓangare na jinkirin, amma shekara huɗu cur ni na zubar da su da hannuna, saboda wata kalma da na gani a takardar kama aikina ban tsaya na tambayi abin da take nufi ba.

Kalmar ita ce wucin gadi. A ƙa'idar jami'armu, idan sashe ya rasa malamai ga zangon karatu ya ƙarato, shugaban jami'a yana da ikon ɗaukar mutum na tsawon shekara ɗaya a madadin majalisar gudanarwa, kafin kwamitin ɗaukar ma'aikata da ƙarin girma ya zauna ya gana da shi, ya mayar da ɗaukar ta dindindin. Ta wannan ƙofa na shigo. Da na nuna wa wani da ya girme ni a sashe takardar, sai ya ce ai kowa da haka ya fara, in kwantar da hankalina. Na kuwa kwantar. An ba ni lambar ma'aikaci da katin shaida da tebur a ofis, albashi yana shiga tare da na kowa, ajin 'yan shekarar farko mai ɗalibai sama da ɗari huɗu yana hannuna, daga baya ma aka ɗora mini haɗa sakamakon jarrabawa na sashe. Duk ƙarshen shekara sai wata takarda mai shafi ɗaya ta zo cewa an sabunta ɗaukata na wata goma sha biyu, ni kuma ina karɓarta da murna, ina ɗaukar ta shaida ce ta cewa an gamsu da aikina.

Abin da ya fi ci mini rai har yau shi ne an faɗa mini. Akwai wani dattijon akawu a ofishin tsangaya, ya kusa ritaya a lokacin, wanda ya tare ni a baranda a shekarata ta biyu, ya rage murya ya ce, "Malam, ka samu lokaci ka je ka duba fayil ɗinka." Na ce, "To Baba, in sha Allahu." Ban je ba. Ina ganin aikin malami karatu da koyarwa ne, bin ofisoshi kuwa sai marasa abin yi. Ga kuma wata alama da take gabana duk shekara: idan aka raba fom ɗin kimanta aiki, wanda da shi ake duba cancantar ƙarin girma, ba a taɓa sa sunana a jerin masu karɓa ba. Na ɗauka mantuwa ce ta sakatare.

Asiri ya tonu ne ranar da na nemi tallafin asusun TETFund, mai tallafa wa manyan makarantun gwamnati, domin karatun digiri na uku. Na riga na samu gurbi, na gama shiri, har na fara yi wa iyalina bayanin yadda za mu yi da haya. A jerin takardun da aka ce in haɗa akwai kwafin takardar tabbatar da aiki. Na nufi ofishin magatakarda ina tsammanin abu ne na kwana biyu. Ma'aikaciyar da ke kula da fayilolin malamai ta sa aka ɗauko nawa, ta buɗe a gabana, takardu biyar ne kacal a ciki: ta kama aiki, da ta sanar da fara aiki, da na sabuntawa guda uku. Ta dube ni da tausayi ta ce ba wai ba a tabbatar da ni ba ne kawai, ba a ma fara ƙirga mini lokacin gwaji ba, domin agogon ba ya tashi sai ranar da kwamiti ya mayar da ɗaukar mutum ta dindindin. Ba a fafe gora ranar tafiya. Gurbin ya wuce ni.

Bayan 'yan watanni aka samu sabon shugabanci a jami'ar, aka ce za a tantance ma'aikata. Takardar sabuntawa ta huɗu ba ta zo ba, ƙarshen wata kuma albashi bai shiga ba. Babu wanda ya kore ni, babu takardar tuhuma, babu kwamitin ladabtarwa. Wa'adin takardata ne ya cika, kuma ba wanda ya sa hannu a wata. Wata biyar na yi a haka ina zuwa aji, domin ɗalibai suna jira kuma ina tsoron in na daina zuwa a ce ni na ajiye aikin. Mai shagon unguwarmu ya buɗe mini shafi a littafin bashinsa, maiɗakina ta sayar da 'yan kunnenta na zinare muka biya kuɗin makarantar yara. Wannan ba zan manta da shi ba.

Na kai kukana ga shugabannin ƙungiyarmu ta malaman jami'o'i, ASUU, a reshe, suka haɗa ni da wani lauya, kuma a ofishinsa na fara fahimtar mene ne tsaron aiki a jami'ar gwamnati. Ya yi mini bayani cewa kotunan Nijeriya sun bambanta aikin da doka ta ba kariya da aikin da ke tsakanin ubangida da baransa. Ya kawo shari'ar Farfesa Olaniyan da abokan aikinsa da Jami'ar Legas, wadda Kotun Ƙoli ta yanke a 1985, inda ta ce majalisar jami'a ba ta da ikon sallamar su ta hanyar ba su albashi a madadin sanarwa ba tare da bin matakan da dokar jami'ar ta shimfiɗa ba, wato a sanar da mutum laifinsa, a ba shi damar kare kansa. Ya kawo na malamai 49 na Jami'ar Ilori da aka kora a 2001 kan yajin aiki, waɗanda Kotun Ƙoli ta umarci a mayar da su bakin aiki a 2009 tare da biyan su haƙƙoƙinsu. Ina jin haka zuciyata ta yi sanyi, na ce, "To Barista, mu je kotun ma'aikata." Ya girgiza kai. Ya ce waɗancan korar su aka yi daga kujerar da doka ta ba su, ni kuwa aron kujera aka ba ni na shekara guda, kuma da wuya alƙali ya tilasta wa mai abu ya sake ba da aro. Kayan aro ba ya rufe katara, na san karin maganar tun ina yaro, amma sai ranar na ji ta a jikina.

Abin da ya cece ni ba kotu ba ne. Shugaban sashenmu ne ya rubuta cewa idan na tafi babu mai ɗaukar kwasa-kwasai huɗu, shugaban tsangaya ya goyi baya, aka kira ni gaban kwamiti tare da sababbin masu neman aiki. Na ci, aka ba ni sabuwar takarda, amma da sabuwar rana. Shekaru huɗun da na yi ba su shiga lissafin gwaji ba, ba su shiga na ƙarin girma ba. Wani da na riga shi shigowa da shekara biyu, wanda ni na nuna masa yadda ake haɗa sakamako, yanzu yana gaba da ni da mataki biyu. Ba na yi masa hassada, shi ya bi fayil ɗinsa tun watan farko. Amma lissafin yana da nauyi, domin dokar jami'o'i ta 2012 ta sa shekarun ritayar farfesa 70, alhali na sauran malamai 65 ne, saboda haka duk shekarar da mutum ya ɓata a ƙasan tsani tana iya cin masa wasu a samansa.

Shekarun gwajin sun koya mini wani abu da ban zata ba. Wata rana aka aiko mini da saƙo ta bakin wani cewa in sake duba makin wani ɗalibi da ya faɗi, ɗan wani mai faɗa a ji. Ban canza makin ba, amma kuma ban iya buɗe baki na ce a'a ba. Sai na tattara takardar amsar na miƙa wa shugaban sashe, na kwana biyu ba barci ina tunanin ko sunana zai fito a jerin waɗanda za a tabbatar. A taron sashe ma haka nake, in ga abu ba daidai ba in yi shiru. A nan na gane cewa tabbatar da malami ba don tuwonsa kaɗai ake yi ba. A Amurka, inda tsarin kujerar dindindin ya yi ƙarfi, sanarwar da ƙungiyar malaman jami'o'i ta AAUP ta fitar tare da ƙungiyar kwalejoji a 1940 ta ɗaure tsaron aiki da 'yancin koyarwa da bincike a igiya ɗaya, ta kuma ce bai kamata lokacin gwaji ya wuce shekara bakwai ba. Hikimar a fili take: malamin da ke jiran sabuntawa duk shekara ba ya iya faɗin gaskiyar da za ta ɓata wa mai sa hannu rai.

Ba zan ce takardar maganin komai ba ce. A yajin aikin 2022, daga 14 ga Fabrairu zuwa 14 ga Oktoba, gwamnatin tarayya ta riƙe albashi, kuma farfesa da mai zaman gwaji duk layi ɗaya muka bi wajen neman rance. A jihar Kaduna a 2017, malaman firamare 21,780 aka ce sun faɗi jarrabawar gwaji, aka sallame su, da yawansu sun yi shekaru a aikin dindindin. Mutanen Ilori ma shekara takwas suka yi suna jiran hukunci. Na kuma yarda da masu cewa akwai waɗanda da zarar an tabbatar da su sai su miƙe ƙafa, na ga irinsu da idona, kuma ɗalibai ne ke cutuwa. Sai dai maganin wannan yana cikin dokar da kanta, a tuhumi mutum a rubuce, a saurare shi, a hukunta shi in ya yi laifi. Barin malami a rataye shekara da shekaru ba ya gyara malalaci, mai ƙwazo kawai yake tsoratarwa.

A zagaye na biyu ban sake yarda da maganar baki ba. Na sayi fayil na kaina a gida, duk takardar da na kai ofis sai na tafi da kwafi biyu an buga wa ɗaya hatimi da kwanan wata na dawo da ita. Na karanta littafin sharuɗɗan aiki daga bango zuwa bango. Saura wata uku gwajina ya cika na rubuta takardar neman tabbatarwa ta hannun shugaban sashe, na riƙa bin ta daga tebur zuwa tebur ina tambayar wanda take hannunsa, kuma na daina ganin hakan ƙasƙanci ne. Akawu da masinja da sakatare sun san inda takarda take kwana fiye da kowane farfesa, na koyi gaishe su da sauraren su. Dattijon da ya gargaɗe ni ya yi ritaya kafin in samu damar ce masa ya yi gaskiya.

A zangon da ya wuce aka ɗauko mana wani matashi a sashe. Ya zo gaishe ni da takardarsa a hannu yana fara'a, na ce ya ba ni in gani. Kalmar tana nan a sakin layi na biyu. Ya ce an gaya masa kowa da haka ya fara. Na rufe ofis, na ce ya biyo ni, muka taka tare har ofishin magatakarda, ban baro shi ba sai da aka buga hatimi a kwafin takardarsa ta neman ganawa da kwamiti. An sa masa rana a watan gobe. Ni kuwa fom ɗin tallafin digiri na uku yana kan teburina, na cike shi a karo na biyu, wannan karon da kwafin takardar mai layi shida a maƙale a bayansa.