Sana'ar sa mutane dariya a Garwa

Ɗan kamfanina a Garwa yake, a arewacin Kamaru, ɗaki biyu ne da kyamara da kwamfutar tace hoto. Hajarmu wasan barkwanci ce ta talabijin, kowane kashi minti 15. Ni ke rubutawa, ni ke neman kuɗi, ni ke sallamar 'yan wasa.

Jama'a na zaton tasha ce ke biyanmu. Mu ke sayen lokaci a wurinta, sannan mu bi 'yan kasuwa shago shago, mai shinkafa, mai sabulu, mai sayar da waya, su ba da talla. Watan azumi shi ne kakarmu, don bayan shan ruwa gida duka yana gaban akwati.

Kasuwar ba sauƙi. CRTV, tashar gwamnati, tana nan tun 1987, tashoshin Canal 2 da Equinoxe kuma suna can Duwala, akasarin shirinsu da Faransanci. Mutanenmu kuwa da finafinan Kano suka tashi. Har gobe ana tuna marigayi Rabilu Musa Ibro, wanda ya rasu a Disambar 2014, shekarar da Arewa24 ta fara aiki. Da waɗannan ake auna mu, kuma ba za mu kamo su a kuɗi ba. Abin da muke da shi wanda Kano ba ta da shi, Garwa ce kanta: Bahaushe mai tebur yana ciniki da Fulatanci, jandarma yana zuba Faransanci, Bafulatani da Babarbare suna wasansu na gado, kowa na cewa shi ne ubangidan ɗan'uwansa.

Wannan duk sai an zauna an rubuta. Nakan kwana kan shafi ɗaya, da safe mu baje tabarma a karanta da ƙarfi. Idona na kan yaron da ke kawo mana shayi. In aka wuce wuri bai ko murmusa ba, sai in ja layi in soke, ko da ni wurin ya fi burgewa. Akwai kuma abin da ba ya shiga takardata sam: addini, nakasar mutum, da mutuncin masarauta. Yara da surukai tare suke kallo.

Ɗauka da sassafe muke yi, kafin babura su cika titi da ƙara, kafin kuma zafin Maris da Afrilu, da kan haura digiri 40, ya sa kyamara ta ɗauke. In ruwan madatsar Lagdo ya ja baya da bazara wuta kan yi wuya, sai tace hoto ya koma dare da batir.

Samari na zuwa kullum, kowa da bidiyonsa na TikTok, kowa gaban kyamara yake so. Ina karɓarsu hannu bibbiyu, amma wanda na fi nema shi ne mai iya zama da biro ya fitar da shafi uku masu kai da gindi. Irin wannan, ranar biya shi nake fara kira kafin jarumi.