Kan Sarkin da Nake Bugawa a Nima

Shagona bai fi taku shida ba, a wani lungu bayan kasuwar Nima, a birnin Accra. Cikinsa akwai sikeli biyu, kwamfuta, tarin kwalaye, da wata 'yar na'urar buga takarda wadda ba ta shan tawada. Da su nake ci da iyali. Mata 'yan kasuwa na Nima da Mamobi suna kawo mini man kaɗanya, sabulun salo, karan dafi na dafa waakye, daddawa, wani lokaci batakari. Ni kuma in auna, in ƙunshe, in biya kuɗin gidan wayar Amurka ta intanet, in buga takardar in manna a jikin kowane kwali. Masu saye yawancinsu 'yan Zango ne da neman abinci ya kai Amurka. Kilishi kam ba na karɓa, domin kwastan ɗin can ba sa barin nama ya shiga.

Kayan sukan tashi cikin manyan kwalaye daga filin jirgin sama na Accra. Ƙanena da ke Bronx a birnin New York, wanda asusun biyan kuɗin yake da sunansa, shi ke fito da su, ya farke babban kwali, ya kai ƙananan gidan waya. Ba ya rubuta ko harafi ɗaya, an gama komai tun daga Nima.

Mahaifina ya yi shekaru yana rubuta wa mutane wasiƙa da tafireta kusa da babban gidan waya na Accra. Ni yake aike sayen kan sarki, in lasa in liƙa a ambulan. Har yau yana ajiye da guda mai hoton Nkrumah na 1957. Ranar da na fara nuna masa takardar da na buga, ya juya ta gaba da baya, ya ce, "To ina kan sarkin?" Na nuna masa wani zane mai ɗige-ɗige a kusurwa. Ya yi shiru, can ya ce, "Me zai hana ka buga goma da kuɗin ɗaya?"

Tambayar Baba ita ce ainihin abin da ya daɗe yana hana wannan sana'a samuwa. Tun da Ingila ta fitar da kan sarki na farko a 1840, mai hoton Sarauniya Victoria, hukuma ce kaɗai ke bugawa, don kan sarki kuɗi ne. A 1920 Amurka ta amince da injin Pitney Bowes mai buga hatimin biya a ofisoshi, amma shi ma a kulle yake, idan kuɗin ciki ya ƙare sai an ɗauke shi an kai gidan waya an ƙara. Barin kowa ya buga da kwamfutarsa bai yiwu ba sai 1999, lokacin da hukumar gidan waya ta Amurka ta ba kamfanonin E-Stamp da Stamps.com izini. Na farkon sai ka jona wani ɗan ƙarfe a bayan kwamfuta, a ciki kuɗinka yake. Na biyun ya bar kuɗin a wurinsa, kai dai ka shiga intanet ka ciro. Dabarar ta biyu ce ta rayu, E-Stamp bai daɗe ba ya bar harkar. A 2002 ita kanta hukumar ta buɗe nata mai suna Click-N-Ship.

Zanen ɗige-ɗigen nan yana ɗauke da kuɗin da aka biya, kwanan wata, unguwar da kaya za su tashi, lambar asusu, da wani hatimin lissafi na sirri wanda ba a iya ƙirƙirarsa a gida. Kowace takarda da lambarta, babu mai kama da wata. In ka buga goma, injin tantance kaya zai ga lamba ɗaya ta wuce sau biyu, kuma ya san asusun da ta fito. Da na yi wa Baba wannan bayani ya gyaɗa kai, ya ce ashe an yi tunani.

Inda aikin yake da wuya shi ne awo. Mu nan kilo muka sani, su can laba da oza. Kilo ɗaya laba 2.2 ne, laba ɗaya oza 16, kuma ɗan abin da ya haura laba yakan kai ka farashi na gaba. Wata Hajiya da muka daɗe muna hulɗa takan ce, "Ɗana, rage mini 'yan giram ɗin nan mana, wa zai sani?" Nakan ce, "Hajiya, ki yi haƙuri, can ma akwai sikeli." Gaskiya ce, injinansu suna sake auna kaya a hanya, su cire cikon daga asusu bayan kwanaki, lokacin da ita ta riga ta karɓi kuɗinta ta MoMo, wato ta wayar hannu. Abin da nake yi mata shi ne in nemo kwali mafi ƙanƙanta da zai ɗauki kayan, ko in sauya robar man da marar nauyi. Nan ne ragi na halal yake, kuma ina jin daɗin nemo shi.

Adireshi ma haka. Manhajar tana gwada abin da na rubuta da kundin gidan waya, ta gyara sunan titi, ta cika lambar unguwa. Amma dogayen benayen Bronx ɗakuna ne rututu, in mai saye ya manta lambar ɗakinsa, kaya na iya dawowa. Shi ya sa ba na bugawa sai an turo mini adireshi a rubuce ta WhatsApp, ba da murya ba. Mu ma nan tun 2017 muna da GhanaPostGPS, wanda ya ba kowane fili mai mita biyar-biyar lambarsa, kuma ina roƙon masu kawo mini kaya su riƙe tasu, ko da yake har gobe "bayan masallaci, gida mai koren ƙofa" ya fi saurin fitowa daga baki.

Takardar kanta inci 4 ce da 6, zafi ne ke fito da rubutunta. Wannan ya taɓa jawo mini asara. Wata ranar Laraba na jera kwalaye a ƙofar shago ina jiran mota, ranar Accra ta buge su, takardun suka yi duhu har zanen ya daina karantuwa. Ga wuta an ɗauke. Sai bayan isha'i na sake buga su ɗaya bayan ɗaya, na nemi a mayar mini da kuɗin na farkon. Tun daga nan kwali ba ya fita rana, kuma ba na shafa salatif a kan zanen, don yana sa rubutun ya koɗe.

Daga 29 ga Agusta 2025 Amurka ta soke rangwamen harajin da take yi wa kayan da ba su wuce dala 800 ba, sai aikin takardun kwastan ya ƙaru. Kowane abu sai an rubuta sunansa, nauyinsa da kuɗinsa, "kayan abinci" kawai ba ya isa. Na ɗauki ɗan yayata yana taya ni cike su da yamma.

Makon jiya Baba ya rubuta wa wani tsohon amininsa wasiƙa zuwa Kumasi. Na ce ya kawo in ba direba, kafin dare ta isa. Ya ce a'a, ta gidan waya yake so, da kan sarki na gaske. Na rufe shago bayan azahar, na hau trotro na je na sayo masa, shi ya liƙa da hannunsa.