Tsohon da ke jikin lek ɗari biyar

Kwana uku da saukata a Vlora, garin bakin teku a kudancin Albaniya, na shiga wani shago sayen burodi da madara da ƙwai. Mai shagon ta ce dubu biyar. Gabana ya faɗi, don abin da ke aljihuna bai wuce dubu biyu ba. Ina ƙoƙarin mayar da ƙwan sai ta yi dariya, ta zaro takardar lek ɗari biyar daga hannuna, ta ce shi ke nan. Ashe tun 1965 aka canza kuɗinsu, aka cire sifili ɗaya, amma har yau bakin mutane bai daina lissafi da tsohon kuɗi ba.

Da na koma gida na ba mai gidan da nake haya labari. Dattijo ne, ina kiransa Jaja, wato kawu a harshensu. Ya ce in kawo irin takardar. Ya miƙar da ita a kan tebur, ya ɗora yatsa a fuskar wani mai gemu da ke jiki, ya ce: "Yaro, ka san wannan? Ɗan garin nan ne. Shi ma kurbet ya cinye rayuwarsa."

Kurbet shi ne ci-rani a wurinsu. 'Ya'yan Jaja biyu suna Italiya, ɗaya tana Girka, shi ya sa ɗaki ya samu da zan kama.

Isma'il Kemali sunan mutumin, suna yi masa laƙabi da Tsohon Vlora. A 1844 aka haife shi, lokacin ƙasar tana hannun Daular Usmaniyya (ta Turkiyya, ba tamu ta Sakkwato ba). Ya yi wa daular aiki shekara da shekaru, har gwamnan Beirut ya riƙe. Laifinsa a wurin Sarki Abdulhamid na Biyu shi ne son a yi mulki da kundin tsarin mulki da majalisa. An taɓa kora shi Kutahya, ya yi kusan shekara bakwai a can. A 1900 ya sulale daga Santambul cikin jirgin ruwan Ingila, ya yi ta yawo a biranen Turai sai 1908, da aka buɗe majalisa ya dawo a matsayin wakilin Berat.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne tafiyarsa ta 1912. Yaƙin Balkan ya ɓarke, maƙwabta kowa na son yankan rabonsa daga ƙasar Albaniyawa. Mutum mai shekara 68, lokacin da a wurinmu sai tabarma da carbi, ya bi ta Bukares da Biyana da Trieste, ya sauka Durres ta ruwa, sojojin Sabiya na matsowa, ya gangaro kudu cikin damina da taɓo. Ranar 28 ga Nuwamba aka ɗaga jar tuta mai baƙar gaggafa mai kai biyu a nan Vlora, aka shelanta 'yanci, shi ne shugaban gwamnati. Kujerar ba ta daɗe ba. A Janairun 1914 ya sauka ya sake barin ƙasa, kuma a Perugia ta Italiya ajali ya same shi a 1919. Gawarsa ce ta dawo gida.

Ni aikina a ɗakin girki ne na wani gidan abinci a bakin teku, gyaran kifi da wanke tukwane. Da zafi baƙi sun cika gari, ba ka da lokacin sosa kai. Sanyi na shigowa sai wurin ya mutu, albashi ya ragu, kewar gida ta taso. Na sha wuya kafin in gane cewa wasu tsofaffi in sun kaɗa kai gefe da gefe, "e" suke nufi. Ranar Juma'a ina zuwa tsohon masallacin Muradiye, daga nan taku kaɗan ne zuwa Dandalin Tuta inda kabarin Isma'il Kemali yake. Ban ce na ɗauke shi waliyyi ba. Ɗan siyasa ne da ya yi wa Turkawa hidima tsawon rai kafin ya juya, kuma Jaja da kansa yana faɗin haka in kofi ya ratsa shi. Amma nakan tsaya a wurin.

Bara ranar bikin tuta Jaja ya ɗaura mini jan ƙyalle a wuya, ya ja ni cikin taro yana ce wa abokansa ɗansa ne. Da dare na ɗauki hoton takardar kuɗin na tura wa Inna. Ta aiko da saƙon murya tana tambaya ko wannan mai gemun shi ne limaminmu, kuma ko ina samun tuwo a garin.