Takardar da Kawu ba ya so alƙali ya gani

Sanyin yau ba a magana, hazo ya rufe ko'ina, na daɗe a bakin titi kafin na samu keke zuwa Terminus, tsakiyar garin Jos. Ina shiga ofishinmu na lauyoyi na tarar da Kawu a kan benci shi da Auta, ga buhu a gefensu, kabeji da karas sabon cira, ƙasar jikinsu ma ba ta bushe ba. Na ji daɗi sosai wallahi, rabona da shi tun suna.

Ashe maganar ruwan nan ce ta kai inda ake gudu. Kun san lambunsa na wajen Bukur, bakin kududdufin nan da masu haƙar kuza suka bari tun zamanin Turawa, shi kowa ke sha a wurin in rani ya yi. Maƙwabcinsa bana ya ƙaro inji na biyu mai tiyo inci uku, kwana yake yana ja, ruwa ya ja baya har tiyon Kawu ya fara zuƙo laka, ga ragowar karas saura kamar sati uku ya isa cira. Abin da Kawu ke so shi ne oda daga kotu yau yau, a tsayar da injin tun kafin mutumin ya san an kai shi ƙara. Oga ya ce in zauna da Kawu in rubuta takardar rantsuwa.

Muna cikin rubutu na ce, Kawu, an taɓa yin wata yarjejeniya tsakaninku a kan ruwan? Ya yi shiru yana gyara hula. Auta ne ya ce ai akwai takardar bara ta gidan mai unguwa, kwana huɗu na Kawu, uku na wancan, kowa ya sa hannu. Kallon da Kawu ya yi wa yaron nan! Da na matsa sai ga sauran zancen, wai a watan Disamba da shuka ta fara yaushi Kawu ne ya fara tada inji da dare a kwanakin da ba nasa ba, har sau uku, daga nan wancan ya ce to an daina rabon kwana.

Na ajiye biro na ce Kawu dole wannan ya shiga. Ya ce, "Ke 'yar nan, lauyata ce ke ko tasa? Wa ya tambaye ki? Ki rubuta abin da ya yi min kawai."

Na yi ta lallaɓa shi. Na ce irin wannan odar da ake nema a bayan idon mutum, alƙali bakinka kaɗai yake ji, babu mai tashi ya ce ba haka aka yi ba, shi ya sa doka ta ɗora maka nauyin faɗar komai har abin da bai yi maka daɗi ba. Tun shari'ar wani mai suna Kotoye da Babban Bankin Najeriya a 1989 Kotun Ƙoli ta ja kunne a kan irin odar nan, sai gaggawa ta gaske. In aka ba ka, ran da wancan ya zo da kwafin takardar mai unguwa, kuma zai zo da ita, alƙali zai iya soke odar a kan ɓoyewar kaɗai ko da kai ke da gaskiya a asalin rigimar, ga alƙawarin biyan diyya da za ka sa wa hannu in kabejinsa ya ƙone ta dalilinka. Kuma rantsuwa ce fa Kawu. Ni ma aikina bai yarda in miƙa wa kotu abin da na san an yanke masa rabi ba.

Na tuna masa rigimar ban ruwa har gaban Annabi (SAW) ta je, tsakanin Zubairu da wani mutumin Madina, aka ce Zubairu ya shayar sannan ya saki ruwan ga maƙwabcinsa. Da kuma gargaɗin nan cewa wanda ya fi iya baki ya ci shari'a a kan haƙƙin ɗan uwansa, yankin wuta aka yanka masa. Ya ce ya sani, ba ni zan koya masa ba. Gaskiyarsa.

Abin da ke cina shi ne Kawu yana da ƙara mai kyau ko an faɗi komai. Dare uku na mutumin da shukarsa ke mutuwa daban, inji biyu kullum har wata guda daban, kuma na tabbata alƙali zai ga haka in an shimfiɗa masa. Amma shi kunya ce ta kama shi, dattijo kamarsa a karanta a kotu cewa ya ja ruwa da dare.

Da zai tashi ya ce, a hankali, ba da faɗa ba, "Da kuɗin lambun nan aka kai ki makarantar lauyoyi." Ban iya cewa komai ba, don haka ne.

Sauran yinin dai, fayil biyu, an ɗage zaman rana, wuta ba ta dawo ba sai la'asar.

Buhun ya bar min shi. Inna ta yanka kabejin a kan shinkafa, na kasa ci sosai. Na kira shi bayan isha sau biyu bai ɗauka ba. Auta ya turo saƙo yanzu wai Kawu ya ce a nemo masa takardar mai unguwa a cikin akwatin ƙarfe, bai dai faɗi abin da zai yi da ita ba.