Yadda Master League ɗina na shekara biyu ya tafi a minti ɗaya

Wallahi har yau in na tuna daren nan sai inji wani abu ya tokare min a maƙoshi. Ba kuɗi na yar ba, ba waya aka ƙwace min ba, wani ɗan fayil ne wanda hoton biki guda ɗaya ma ya fishi nauyi, amma shekara biyu cur nayi ina tara abin da ke cikinsa, kuma da yatsana na goge shi ba wani ya goge min ba balle in samu wanda zan ɗora wa laifi.

Ni ɗan ƙwallon waya ne tun ina riƙe da wata tsohuwar Tecno mai Android 9. PES, gem ɗin ƙwallon ƙafa, nake bugawa a PPSSPP, manhajar nan da ke sa waya ta kunna gem ɗin PSP, 'yar na'urar gem ta hannu ta Sony, wani ɗan ƙasar Siwidin ne Henrik Rydgård ya fito da ita a 2012 kuma kyauta ce. A majalisarmu ta wajen Ƙofar Marusa in an sallame isha'i kusan kowa ita yake dannawa, wani na kan benci wani ya jingina da mashin, mai shayi na ta mita wai mun tare masa wuri da kofi ɗaya. Abin da da yawanmu bamu sani ba shine PES na PSP tun daga na 2014 ba'a sake yin sabo ba, duk wannan da ake tura mana da Osimhen da Lookman da sabbin rigunan kulob, tsohon ne wasu suka zauna suka yi masa kwaskwarima. Shi yasa in an turo maka yake zuwa kashi uku, akwai babban fayil ɗin ISO wanda shine gem ɗin kansa, akwai folda TEXTURES mai ɗauke da riguna da fuskoki da fili, sai kuma SAVEDATA inda duk ci gaban da kayi a gem ɗin ke ajiye. A tsohuwar wayata duk suna cikin folda guda mai suna PSP, kana buɗe File Manager zaka ganta a fili, ko yaro zai iya kwafe ta.

A 2023 na sayi Infinix mai Android 13, na ba ƙanwata tsohuwar. Na kai sabuwar wurin wani mai turin fina-finai da muke mutunci dashi nace maigida a zuba min PES sabon yayi. Ya jona ta da laftof ɗinsa da kebul, yayi 'yan danne-dannensa ina can ina kallon wasu yara na cinikin iyafis, ya miƙo min yace gashi nan malam ta hau. Ban tambayi ina ya zuba ba, mi ya dame ni, gem na tashi ai shikenan. A daren na buɗe Master League, ɓangaren gem ɗin da kake riƙe kulob kana gina shi kaka bayan kaka, na ɗauki ƙaramin kulob da 'yan wasan da babu wanda ya san sunansu, ina saye ina sayarwa, akwai wani ɗan gaba da na ɗauko yana ɗan shekara 17 na raine shi kamar ɗan cikina har ya zama ba mai tare shi.

To bara sai gem ɗin ya fara sarƙewa, sauti na katsewa kamar rediyon da batir ya yi wa sanyi. Wani abokina a majalisa yace kai dai goge PPSSPP ɗin ka sake saukewa zata warware. Na leƙa folda Download naga ISO ɗina na nan lafiya lau, giga ɗaya da wani abu, nace ai gem ɗina na nan ba abin da zai same shi. Na danna uninstall, na sake saukewa, na buɗe. Gem ya tashi amma rigunan duk na da ne, 'yan wasa na 2014, na shiga Master League yace babu komai a ajiye. Na fita na sake shiga. Na kashe wayar na kunna, kamar wanda ke jiran mu'ujiza. Abokin nan nawa sai cewa yayi ikon Allah, ya miƙe wai ana kiransa a gida.

Sai daga baya na gane abin da ya faru. Sabuwar PPSSPP in ka fara buɗe ta a waya mai Android 11 zuwa sama tana tambayarka ina kake so ta ajiye kayanta, ko ka ƙirƙiro folda PSP a waje ka nuna mata, ko ta ajiye a ɗakinta na cikin Android/data/org.ppsspp.ppsspp. Na biyun aka zaɓa a wayata. Ita kuma Android ƙa'idarta ce, ranar da ka cire manhaja to foldarta ta Android/data da ta Android/obb tare suke tafiya, ba ta ƙyale komai. ISO ya tsira ne don yana Download, wato na tsaya gadin buhun da ake samu a kowane shago na bar ɗan ƙullin da babu irinsa a duniya.

Kwana uku nayi ina sauke manhajojin da ke cewa suna dawo da abin da aka goge. Ɓata data ne kawai, abin da suka tono min tsofaffin hotunan gaisuwar Juma'a ne na WhatsApp da tallace-tallace kamar ruwan sama. Na haƙura.

Amma haushin ne yasa nace sai na san cikin wayar nan kamar yadda na san lungunan unguwarmu. Farkon abin da na ci karo dashi, na buɗe File Manager na shiga Android na danna data, wayam, babu komai, kamar ɗakin da aka kwashe. Na sauke ZArchiver, manhajar buɗe foldoji da warware zip, ita ma tace ba'a bata izini ba. Ashe ba wai babu komai bane, tun Android 11 da ya fito a 2020 Google suka sa wa foldojin nan biyu na data da obb kwaɗo don kada wata manhaja ta riƙa leƙa kayan wata, a Android 13 kuma suka ƙara toshe 'yan ramukan da mutane ke bi. In ka duba da kyau suna da gaskiya, wayar da nake gem da ita ita ce dai mai manhajar bankina, amma mu 'yan gem abin ya zame mana ƙarfen ƙafa.

Hanya biyu na samu da suka yi min aiki. Mai sauƙin ita ce kebul da kwamfuta, ka jona, ka jawo sanarwar da ke saman sikirin ka zaɓi File transfer maimakon caji kawai, sai ka buɗe wayar daga kwamfutar, Android/data zata buɗu ka ga foldoji jere. Sai dai ka nemi kebul na kirki, akwai waɗanda caji kawai suke yi basa ɗaukar fayil, na ɓata kusan awa ɗaya ina zargin laftof ɗin yayana ashe kebul ɗin ɗari biyar ne matsalar. Ta biyun ita ce Shizuku, wata manhaja mai ba wasu manhajoji izinin shiga inda aka kulle, wannan sai mai haƙuri. Zaka shiga Settings wajen bayanin waya ka danna Build number sau 7 har Developer options ya fito, ka kunna Wireless debugging, ka haɗa shi da Shizuku da wata lamba da zai baka, sannan ka ba ZArchiver izini ta bi ta cikinsa. Dole wayar ta kasance a kan Wi-Fi, ni da bamu da shi a gida hotspot ɗin wayar ƙanina na hau, kuma duk sanda wayar ta mutu ka kunna sai ka sake tada Shizuku ɗin, ga wutar NEPA ɗinmu kun san yadda take, waya na mutuwa kusan kullum.

Da na shiga ciki sai naga foldojin ba sunan gem suke ɗauke dashi ba, wani dogon suna ne mai ɗige-ɗige. Free Fire shine com.dts.freefireth, PUBG Mobile com.tencent.ig, eFootball kuma jp.konami.pesam, Dream League na 2019 com.firsttouchgames.dls3. A cikin PSP ɗin ma haka, foldojin SAVEDATA da TEXTURES da lambar gem suke tafiya, masu farawa da ULES na Turai ne masu ULUS na Amurka, in lambar foldar riguna bata dace da ta ISO ɗinka ba to har abada rigunan baza su fito ba, ka ta zagin wanda ya turo maka alhali ba ruwansa.

Ana cikin haka sai autanmu ya zo da tasa matsalar, yace Yaya abokina ya turo min gem ta Xender amma ina buɗewa sai baƙin sikirin ko yace in sauke giga biyu, ni kuma datana mega ɗari uku ce. Na duba naga manhajar kaɗai ya karɓo, babu OBB. Manyan gem da yawa haka suke, APK ɗin ƙarami ne, nauyin duk yana cikin wani fayil da sunansa ke farawa da main ya ƙare da .obb, kuma mazauninsa Android/obb cikin folda mai wannan dogon sunan na gem ɗin, harafi ɗaya ya kuskure bazai gani ba. Muka koma ya karɓo a zip, na warware da ZArchiver na zuba, gem yaƙi tashi. Na sake, yaƙi. Yaro ya tsaya a kaina yana cewa Yaya ko dai baka iya bane. Sai can na lura wajen warwarewa folda ta haifi folda, wato com kaza a cikin com kaza sannan fayil ɗin, gem ɗin na leƙa ɗakin farko yaga ba kowa ya juya. Na fito da fayil ɗin mataki ɗaya baya, sai ga kiɗan gem ya tashi, yaro ya fizge wayarsa ko godiya babu.

Akwai abin da na daina yi gaba ɗaya kuma. Zamanin Dream League 2019 duk ci gabanka yana cikin wani fayil profile.dat, mutane na yawo da na wasu mai tsabar koin, ka ɗora a kan naka ka wayi gari da kuɗi amma kulob ɗinka da ka sha wahala a kai ya tafi, don sunansu ɗaya sabon ya danne tsohon. Wannan ma da sauƙi tunda ba da intanet ake bugawa ba. Gem ɗin onlayin irin su Free Fire da PUBG in ka taɓa fayil ɗinsu don neman wayo rufe akawun ɗinka za'a yi, na ga wanda ya yi kuka da hawaye a kan haka, gemu da gemu. Su waɗannan ma ci gabanka ba a wayar yake ba yana can wurin kamfanin, abin da ake so kawai ka ɗaure akawun ɗin da Google ko Facebook kada ka zauna a matsayin guest. Sannan duk zip ɗin da aka ce sai ka sauke wata manhaja kafin a baka fasuwod ɗinsa, ni dai bana kusantarsa da wayar da albashina ke shigowa.

Sai maganar sifes in ya cika, wanda shine ke sa yawancinmu ɓarna. A Settings maɓalli biyu ne kusa da juna, Clear cache da Clear data. Na farkon shara ce, share ta ba komai. Na biyun kuwa maida manhajar yake kamar yau aka sauke ta, duk abin da ka ajiye ya tafi. Manhajojin share-share ma yanzu sai na karanta abin da suka yi wa alama kafin in danna, don wata ta taɓa jera min ISO ɗina cikin manyan fayilolin da wai bana amfani dasu.

Yanzu folda PSP ɗina tana waje inda ido ke ganinta, na nuna wa PPSSPP ita da hannuna. Duk Juma'a in mun sauko daga masallaci kafin in ci abinci nake matse SAVEDATA ta zama zip, in sa mata kwanan wata a suna, kwafi ɗaya a memori ɗaya in tura Google Drive tunda giga 15 suke bayarwa kyauta, duka-duka minti biyu ne. Na koma wurin mai turin nan na bashi labari, ba don rigima ba, yayi dariya har da buga tebur yace malam ai da ka tambaye ni a lokacin da na gaya maka, sannan yace in nuna masa yadda ake tada Shizuku ɗin nan don kwastomomi na damunsa a kai, na nuna masa ya zuba min sabbin riguna kyauta.

Sabon Master League ɗin yana kaka ta uku yanzu, muna na shida a tebur. Na bincika kasuwar 'yan wasa kaf ina neman yaron nan ɗan shekara 17, na same shi a wani kulob, sun sa masa kuɗin da ko na sayar da masu tsaron bayana duka bazan iya biya ba.