Tarihin Rayuwata, Kashi na 17: Tsohon da Ya Tura Kyamara

A makon jiya mun tsaya a inda na sauka Landan cikin watan Oktoba na 1976, da akwatina ɗaya da hular sanyin da Inna ta saƙa mini. An turo ni kwas ɗin shirya wasannin talabijin, na kuma sami ɗaki a unguwar Wood Green, gidan wani tsoho da matarsa. Baba nake ce masa. Da farko abin ya ba shi mamaki, daga baya in na kira shi da wani suna sai ya ɓata rai.

Ta tagar ɗakina ana hango wani ƙaton gini a kan tudu, da doguwar eriya ta ƙarfe a gefensa. Wata Lahadi muna shan shayi na tambaye shi ko coci ne. Ya ajiye kofinsa ya ce, "Ɗana, kai da ka zo koyon talabijin ba ka san Alexandra Palace ba? Can aka yanke wa sana'arka cibiya."

Daga wannan gini BBC ta fara watsa shirye-shiryen talabijin na yau da kullum a Nuwambar 1936. Yaƙi ya sa aka rufe a Satumbar 1939, ba a sake buɗewa ba sai Yunin 1946. A lokacin ne Baba, da ya dawo daga soja, ya sami aikin tura keken da ake ɗora kyamara a kai. Wasan da ya fi zama masa a rai kuwa shi ne Pinwright's Progress, wasan barkwanci na rabin awa da aka fara a ranar 29 ga Nuwamba, 1946. James Hayter ne ya fito a matsayin Mista Pinwright, mai ɗan ƙaramin kanti da kullum yake fama da abokin gasarsa da kuma ma'aikatansa. Cikinsu har da ɗan aike mai suna Ralph, wanda ya kai shekara tamanin, ga shi kurma. Ana nuna wasan duk bayan mako biyu. Kashi goma kacal aka yi, ya ƙare a Mayun 1947.

Na ce, "Baba, a ina zan samu in kalla?"

Ya daɗe yana dubana. Ya ce babu. Kai tsaye ake yinsa, daga bakin ɗan wasa zuwa akwatin mai kallo, ba na'urar naɗa. Abin da ya fita ya bi iska.

Daren nan bai bar ni na kwanta da wuri ba. Ya ba ni labarin ƙuncin ɗakin wasan, da fitilu masu zafi da ke narkar da kwalliyar fuska, da wayoyi masu kaurin damtse da ake ja a ƙasa kada keken ya taka. Ɗan wasa zai gama magana a wannan kusurwa ya ruga waccan yana sauya riga a guje. In wani ya manta maganarsa, mai tuna wa 'yan wasa magana yana da maɓallin da zai danna ya yanke sauti, ya faɗa masa, sannan ya saki, masu kallo su ɗauka akwatinsu ne ya yi gardama. A tsakiyar zangon ma, sanyin Fabrairun 1947 ya jawo ƙarancin gawayin kwal, aka rufe talabijin ɗin wajen wata guda.

Ni dai jikina ya yi sanyi, domin labarina yake ba ni bai sani ba. Shekarun da na fara aiki a gida haka muke yi. Mu yi bita da rana a gindin bishiya, da dare mu shiga gaban kyamara da bismilla. Akwai wani abokin aikinmu, Allah ya jiƙansa, da yake fitowa a matsayin maigadi mai barci. In ya yi hamma kawai, mu da ke bayan kyamara sai mun toshe baki. 'Ya'yansa ba su taɓa ganin wannan hamma ba, kuma ba ni da abin da zan nuna musu. Har yau in na tuna sai idona ya ciko.

Da na faɗa wa Baba haka, sai ya miƙe, ya ɗauki tsintsiyar ɗakin girki ya dogara da ita, ya ranƙwafa, ya kai tafin hannu bayan kunne yana cewa "Me? Me ka ce?" da muryar ɗan aiken nan. Matarsa ta fito daga ɗaki tana dariya har da riƙe ƙofa, ta ce shekara talatin ke nan rabonta da ganin Ralph.

Kafin mu watse ya ce ranar Asabar in sa takalmi mai ƙwari, za mu hau tudun. Abin da na gani a can, da wanda muka tarar a bakin ƙofa, sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu.